Jirgin da Ya Dawo da Amarya Sau Uku

Ranar Alhamis ce, ƙarshen damina. An kwana ana yayyafi, gari ya waye da hazo kwance a kan ruwa, mutum ba ya hango abin da ya wuce taku goma.

Ni ne Jatau ɗan Barmo, jikan Tunau, masassaƙan jirgin ruwa a Bakin-Shuɗi, garin da ke gaɓar tafkin da ba a ganin ƙarshensa. Kakana ya sassaƙa, ubana ya sassaƙa, ni ma na yi shekara arba'in ina sassaƙa da gizagon da suka bar mini. Karatuna kaɗan ne, maganata ma kaɗan ce. Da hankalina ya ɗara su yawa, da wannan labari bai samu ba.

A wannan safiya aka kai 'yar Arzika, Sarkin Ruwanmu, gidan mijinta a tsallaken tafki. Ni na sassaƙa jirgin amarya, sabo fil. Dangin ango ne suka karɓi filafilai, don haka al'ada take. Aka yi guɗa, aka yi kuka, jirgi ya shige hazo. Muka juya gida. Ba mu kai rumfar masu kifi ba sai muka ji guɗa a bayanmu. Jirgi ne ya dawo gaɓar da ya baro, amarya na ciki.

Suka sake tafiya. Suka sake dawowa. A karo na uku uwar amarya ko tashi ba ta yi ba, ta ce hawayenta sun ƙare, a miƙo mata goro. Wan ango ya sauko yana haki, ya dube ni ya ce, “Baba, jirgin nan naka yana da wanda ba ya son gani a garinmu ne?” A ƙarshe a tsohon kwalekwalensu mai yoyo aka tafi da ita.

Da hantsi Arzika ya kira ni zaurensa. Sa'ana ne, rana ɗaya aka yi mana kaciya, amma ran nan bai nuna mini tabarma ba.

“Jatau.”

“Ranka ya daɗe.”

“Jiragenka duk hagu suke ci.”

“Ruwa ne.”

“Shekara arba'in ruwa ne?”

“Ai ruwan bai canja ba.”

Sa'an nan ya ce, “Gungumen maɗaci ɗaya ya rage a gaɓa. Na ba ka shi. Ranar bikin kamun kifi, wata huɗu daga yau, ni da kaina zan shiga abin da ka sassaƙa in nufi tsibirin Balbela. In ya kai ni, magana ta mutu. In ya dawo da ni kamar amarya, gizagon Tunau ya bar gidanku. Cindo za a ba.”

Cindo turmi yake sassaƙawa. Turmi! Abin da ko ta ina ka juya shi kamanninsa ɗaya. Kafin in fita zauren na gama shari'a a raina: Cindo ne ya yi mini sammu. Ban tsaya tambayar kaina yadda ya sammace ni shekara biyar kafin a haife shi ba.

Bari in faɗi yadda muke aiki, don a nan komai yake. Muna da fata ta gado, fatun ɓauna uku ne aka ɗinke wuri ɗaya, aka yanke su siffar rabin jirgi. Gefe ɗaya miƙaƙƙe ne, ɗayan yana da tumbi, tumbin kuma ya fi kusa da goshin jirgi. In an fafe saman gungume ya yi sumul, sai a shimfiɗa fatar a ɓangaren dama, a bi bakinta da gawayi. Ƙa'ida ɗaya ubana ya bar mini: gashin fata ba ya taɓa itace, in ya taɓa jirgin zai ci mutum. Saboda haka in na gama dama, sai in kama fatar in juya ta a kwance kamar yadda ake juya tabarma, gashi na sama, kai ya koma wutsiya, in zana hagu. Haka na ga ubana yana yi. Ban taɓa ƙara masa ba, ban taɓa ragewa ba.

Wani bafatake ya taɓa ce mini can gabas akwai Birnin Ƙyalli, inda suke da wani allo da ke nuna wa mai sana'a asirin abin da ke ɓata masa aiki. Na ɗauka allon duba ne. Na naɗe fatar na aza a ka, na saɓa gizago.

Matata Kande tana tankaɗe ta ce, “Malam, ina za ka da fata a ka?”

“Nesa.”

“To Allah ya tsare. Ka dai kula kada kai ma ka ci hagu, mu gan ka kafin la'asar.”

Na kama hanya.

Na yi kwana goma sha biyu ina tafiya, na ratsa dajin da itatuwansa ke sunkuyowa su shinshini baƙo, na haye kogin da ke gudu sama zuwa tudu, har na iso wani mashigi tsakanin duwatsu biyu, faɗinsa bai wuce na mutum biyu ba. A tsakiyarsa an gitta wata farar igiya a ƙasa, an ɗaure ta da turaku. Ina matsowa sai ga wani tsoho ya ɓullo a ƙetaren igiyar. Mummuna ne, wuya kamar na kunkuru, fuska kamar ya kwana yana tauna ɓawon maɗaci. Fata a kansa, gizago a kafaɗa. Nawa a kafaɗar dama yake, nasa a ta hagu.

Na ce, “Ba ni hanya.” Bakinsa ya motsa tare da nawa.

Na raɓa jikin dutse, ya raɓa. Na koma ɗaya gefen, ya komo. Na ja baya, ya ja baya, na matso, ya matso. Na zage shi, na ce ban taɓa ganin tsoho mai taurin kai irinsa ba. Muka yi haka tun hantsi har azahar. Da raina ya gama ɓaci na sunkuyar da kai na auka masa. Goshi ya gamu da goshi. Na faɗi, ƙafata ta sarƙe da igiyar, turke ɗaya ya tumɓuke, na birgima da shi. Da na tashi, igiyar ta daina gitta hanya, ta kwanta bisa tsawonta. Tsohon kuma ba ya gabana. Yana gefena, kafaɗa da kafaɗa, igiya a tsakaninmu, yana duban inda nake duba, yana shafa ƙulun goshinsa kamar yadda nake shafa nawa. Muka jera har ƙarshen igiyar, ya ɓace.

Masu jin labarin nan sukan ce dabara na yi. Ban taɓa musa musu ba sai yau.

Bayan wasu kwana ashirin na iso wata fadamar laka mai haɗiye raƙumi har tozo, faɗinta tafiyar kwana uku. A bakinta akwai wani maƙeri mai ƙera tsuntsayen tagulla da ake hawa a haye. Ya ce yana da sabo, in na yarda in fara gwada shi. Na hau. Ya murɗa wani ƙarfe a ƙeyarsa, tsuntsu ya kaɗa fiffike ya tashi.

Ban jima a sama ba na hango maƙera a ƙasa, da mutum yana ɗaga mini hannu. Na ce ashe maƙeran fadamar nan biyu ne. Da na sake hango ta uku, da mutumin da hularsa iri ɗaya, na gane. Tsuntsun hagu yake ci.

Na dubi fikafikan. Na dama kaurinsa yana gaba, sirantarsa a baya. Na hagu kaurinsa a baya, sirantarsa a gaba. Da muka sake bi ta kansa na ƙwala masa kira: “Kai maƙeri! Fiffike ɗaya ka ƙera sau biyu, ka juya na biyun kai ya koma wutsiya! Ko jariri ya ga wannan!”

Ya haɗa tafuka a baki ya amsa, “Haka ubana yake yi!”

Na yi dariya har na kusa faɗowa. Na ce lallai duniya ba ta rasa wawaye.

Amma dariya ba ta haye fadama. Ina cikin zagaye sai na tuna masuntan garinmu. Kowane ɗayansu in ya shiga jirgi sai ya saki ƙafar dama cikin ruwa tana jan ruwa. Har ana gane ɗan Bakin-Shuɗi a kasuwa da ƙafarsa ta dama, ta fi ta hagu haske da yamushewa. Ni na ɗauka don su ji sanyi suke yi. Na saki ƙafar dama a iska, na tuɓe babbar rigata na riƙe ta tana filfilawa ta dama. Tsuntsu ya miƙe sak. Na sauka a tsallake da takalmi ɗaya, ina jin kaina. A duk abin nan ban ga komai ba sai wautar maƙeri.

Ranar da na cika kwana arba'in na shiga Birnin Ƙyalli. Titi ɗaya ne ya raba shi, kuma duk abin da ke dama akwai ɗan'uwansa a hagu yana fuskantarsa: rijiya da rijiya, rimi da rimi, har mai tuyar ƙosai da mai tuyar ƙosai. Gidan allon yana ƙarshen titi. Na tarar da layi: magina, masaƙa, masu ɗinkin hula, da wata mata da ƙoren da za ta zana. Mai kula da allon mace ce, Malama Yalwa, ba za ta wuce sa'ar 'yata ta fari ba. Da na san mace ce da na yi tunani tun daga gida. Amma na riga na zo.

Allon gilashi ne baƙi, faɗinsa kamar ƙyauren zaure, an jingine shi a kan ƙafafu.

“Sannu da hanya, Baba. Me ke tafe da kai?”

“Wanda ya ɓata mini aiki nake so ya nuna mini.”

Ta matsa gefe. Na leƙa baƙin gilashin, sai ga tsohon nan na mashigi, da ƙulunsa.

“Yawancin masu zuwa wannan suke nema,” in ji ta. “Amma mu bi a hankali.”

Ta shafa gefen allon, ya yi fari fat kamar an kunna rana a cikinsa. Ta ce in zana mata rabin jirgina da yatsa. Na dangwala, bai amsa ba. Na danna, bai amsa ba. Ta kama hannuna ta duba, ta ce, “Baba, allon bai san wannan yatsa ne ba, ya ɗauka itace ne. Gwada da ɗan ƙaramin.” Da ɗan ƙaramin yatsa, kamar mai ɗanɗana miya, na yi aikin. Duk inda na taɓa sai ɗigo ya fito, ɗigo kuma ya miƙa zare ya kama ɗan'uwansa. Na sa goshi, na sa tumbi, na sa wutsiya. Rabin jirgi ya fito, bai bambanta da fatata ba.

Ta ja dogon layi a bakin miƙaƙƙen gefen. Ta taɓa rabin jirgin, ta taɓa layin, sa'an nan ta taɓa wata 'yar alama a saman allo, ta ce sunanta ninki. Kafin in ƙifta ido ɗaya rabin ya fito a hagu. Jirgi cikakke, tumbi yana duban tumbi.

“Allon ya yi kuskure,” na ce.

“To?”

“Ba haka jirgi yake ba.”

“Yaya yake?”

Na warware fatata a tsakar ɗaki, masu layi suka ja da baya. Na nuna mata dama. Na kama na juya ta a kwance, gashi na sama, kai ya koma wutsiya. Na ce, “Ga hagu.”

Ba ta yi dariya ba, wannan kam na yaba mata. Wani mai ɗinkin hula ne ya yi, na harare shi ya haɗiye. Ta sake fito da rabin jirgina a ɗaya gefen allon. Wannan karon ɗigo ɗaya ta sa a tsakiyar layin, ta taɓa wata alama dabam, ta ce wannan juyi ce. Rabin ya zagaya ɗigon kamar jaki a turke, ya kwanta a hagu. Na ga jirgina. Tumbin dama kusa da goshi, tumbin hagu kusa da wutsiya.

“Yauwa!” na ce. “Ga jirgi.”

“Sa yatsanka a tumbin wancan na farko, ka ja shi gaba.”

Na ja. Ɗigon ya bi yatsana, jikin jirgin ya miƙe tare da shi kamar danƙo. Na hagu ma ya tafi gaba, tare, ba wanda ya riga wani. Na ja shi waje, na hagu ya fita waje. Wani siririn zare ya haɗa su, ya ratsa layin tsakiya a miƙe, ba karkata. Lambobi biyu suna rawa a kansa, ɗaya a kowane gefe. Lamba kam na iya karantawa. In ta dama ta ce bakwai, ta hagu bakwai take cewa.

“Yanzu ja tumbin naka.”

Na ja shi gaba. Na hagu ya gudu baya. Na ja shi baya, ya taho gaba. Kamar ni da Kande.

“Baba, jirginka ba shi da dama da hagu,” in ji ta. “Dama biyu gare shi, ɗaya tana kallon gaba, ɗaya tana kallon baya. Ruwa ya tura nan, ya tura can. Ina kake so ya je in ba zagaye ba?”

A nan maƙerin fadama ya faɗo mini a rai, da hularsa, da tafukansa a baki. Amma ban sallama ba. Na ce ƙa'ida ta hana gashi taɓa itace, kuma tabbas akwai yadda za a juya fatar ta ba da hagu ba tare da an kife ta ba. Ta ce, “Akwai ƙaramin allo a lungu. Nema kyauta ne.”

Kwana uku na yi a lungun nan. Na tura rabin jirgin sama, na tura shi ƙasa. Na juya shi kaɗan, na juya shi da yawa. Na matsar da ɗigon juyi zuwa goshi, na kai shi wutsiya, na fitar da shi can wajen jirgin. Allon ba ya gajiya, ba ya gardama, duk abin da ka ce shi yake yi, kuma wannan ya fi zagi ciwo. In tumbi ya zo daidai, miƙaƙƙen gefe ya fita waje. In miƙaƙƙen gefe ya hau layi, tumbi ya koma wutsiya. Da na gaji na kama layin ninkin kansa na karkata shi, na ga ɗan'uwan rabin yana lilo yana binsa. Na gitta layin a gaban goshi, jirgi biyu suka yi karo kamar ni da tsohon mashigi. Na kwantar da shi bisa tsawo, suka jera. Ba zan ɓoye ba, na kuma ɓata rabin yini ina zana rabin fuskar Cindo, ina jan kunne ɗaya biyun suna tsawo.

Rana ta huɗu Malama Yalwa ta zo ta tsaya a kaina.

“An samu?”

“Saura kaɗan.”

“Ɗora hannunka na dama a kan na hagu, bayansu duka yana sama. Su dace, yatsa kan yatsa.”

Na ɗora. Babban yatsa ya leƙa nan, ɗayan ya leƙa can. Na murɗa, na karkace har kafaɗata ta yi ƙara. Ta kama hannuwan ta haɗa tafi da tafi. Suka dace.

“Sai ɗaya ya kife,” in ji ta.

“To gashi zai taɓa itace.”

“Wannan kuma ba aikin allo ba ne, Baba. Ko ka kife fatar, ko ka samo mata 'yar'uwa ta hagu.”

Ɓauna ta ƙare a dajinmu tun ina saurayi. Na naɗe fatata. Na so in yi mata godiya mai tsawo, abin da ya fito shi ne, “To.” Ta ce ta karɓa.

A hanyar dawowa na tsaya wurin maƙeri na gaya masa yadda zai sake zubin fiffiken. Wannan karon da murya ƙasa-ƙasa na yi magana. A mashigi kuwa da hannuna na cire turken, na yi wa tsohon sallama, muka wuce. Amma duk tsawon hanyar abu ɗaya nake taunawa. In na kife fata, na karya maganar ubana, kuma in jirgin ya ci mutum, Arzika ne a ciki. In ban kife ba, gizagon Tunau ya tafi sassaƙa turmi.

Na iso gida da azahar, saura kwana talatin biki. Kande ta dubi ƙafata mai takalmi da marar takalmi, ta ce, “An samo mai sammun?”

“An samo.”

“Wane ne?”

“Ba ni ruwa.”

Na sha, na miƙe rigingine a rumfar da take girki, don bayana ya ƙi zama. Shekara arba'in ina cin tuwo a rumfar nan, ban taɓa ɗaga kai ba. Ni mutum ne mai kallon akushi. Ran nan na dubi sama. A ƙarƙashin jinka an ɗaure wani dogon abu, hayaƙi ya mai da shi baƙi ƙirin. Gefe ɗaya miƙaƙƙe. Ɗaya gefen yana da tumbi.

“Kande. Mene ne wancan?”

“Fata ce. Tana tare mini ƙaiƙayin jinka kada ya zubo a miya.”

“Ina kika samo ta?”

“Innarka ce ta ba ni, makon da aka kawo ni. Ta ce da kakanka ya rasu babanka yana ɗan saurayi, ya tarar da fata biyu a ɗaki, ya ce ɗaya ta ishe shi, ɗayar ta ajiya ce.”

Na tashi ba tare da na tuna da ciwon baya ba. Muka kwance ta, toka da yanar gizo suka zubo mini a ka. Na shimfiɗa ta a tsakar gida, gashi na sama. Na warware tawa kusa da ita, gashi na sama. Na haɗa miƙaƙƙen gefe da miƙaƙƙen gefe. Tumbi ya dubi tumbi.

Na juya na dubi Kande.

“Me ya sa ba ki taɓa gaya mini ba?”

“Ka taɓa tambayata wani abu ban da ko tuwo ya nuna?”

Na sassaƙa gungumen cikin kwana ashirin da bakwai. Na fara da ɗaure zare daga goshi zuwa wutsiya, na shafa masa gawayi, na ja na saki ya bar layi. Fata a dama, fata a hagu, ba gashin da ya taɓa itace. Duk inda na sara a dama sai na auna da kara daga layin, in kai karan hagu.

Ranar biki gari ya yi wasai, tsibirin Balbela yana can kamar ƙwarya a kife. Duk Bakin-Shuɗi ta fito gaɓa. Cindo ma ya zo, ya tsaya a baya. Arzika ya shiga shi kaɗai da filafili, ya yi bisimilla, ya tura.

Jirgi ya tafi. Ya tafi. Sai goshinsa ya fara karkata. Ya karkata, ya ci gaba da karkata, har ya juyo yana duban gaɓa. Wata tsohuwa ta rangaɗa guɗa, jama'a suka fashe da dariya. Wani ya ce, “A kawo lalle, amarya ta dawo!” Na sauke gizagon daga kafaɗa, na riƙe shi da hannu biyu yadda ake miƙa abu.

Sai na ji murya a kunnena. Cindo ne. “Baba Jatau, dama ya ci fa. Ba hagu ba.”

Na ɗaga kai. Gaskiya ne, dama ya ci. Na ƙura ido. Ga ƙafar Sarkin Ruwa a cikin ruwa har ƙauri, tana jan ruwa kamar yadda ta saba tun yana yaro.

Ban san ina da murya irin wannan ba. Na manta da ranka ya daɗe, na manta da rawani. “Arzika! Cire ƙafarka, kai!”

Ya dubi ƙafar kamar ba tasa ba. Ya ɗago ta da hannu biyu ya ajiye a cikin jirgi. Ya gyara goshi ya nufi tsibiri, ya tuƙa dama, ya tuƙa hagu. Jirgi ya miƙe kamar an ja shi da zare. Muna kallo ya ƙanƙance, ya ƙanƙance, har balbelu suka tashi fari fat daga tsibirin. Masunta suka riƙa duban ƙafafunsu.

Da ya dawo ya sauko yana ɗingishi, don ƙafar ba ta saba zama a bushe ba. Ya tsaya gabana.

“Ashe ba ruwa ba ne.”

“Ba ruwa ba ne.”

“Wa ya yi maka sammun?”

“Wani tsoho ne. Na gamu da shi a hanya. Mun sasanta.”

Ya dubi gizagon da ke hannuna, ya ce, “Mayar da shi kafaɗa. Amma fa ka kira ni Arzika a bainar jama'a.”

“Da na tsaya yin ranka ya daɗe da ka iso gaɓa.”

Washegari da sassafe na tafi gidan Cindo, na yi sallama, abin da ban taɓa yi ba. Na ce ya zo ya riƙe mini tsani. Muka hau rumfar Kande muka ɗaure mata sabuwar tabarmar kaba a ƙarƙashin jinka, tana ƙasa tana cewa ta karkace.